Mitar da na'ura ke ƙirgawa ba ita ce mitar da ke ƙasa ba

Aikin da aka ɗora mana shi ne lura da zafin wani babban kebul na wutar lantarki da aka binne a ƙasa, mai tsawon kilomita da dama, ta hanyar zaren gilashin da aka shimfiɗa a jikinsa tun lokacin binnewa. Irin wannan kebul mai rufin XLPE, wani nau'in roba mai jure zafi, ba a son zafin cikinsa ya wuce digiri 90, kuma ba a tsawonsa duka yake lalacewa ba, a wuri guda yake fara gasuwa, shi ya sa masu shi suka gwammace zaren da ke jin zafi a kowace mita a kan 'yan ma'aunai da aka dasa nan da can.

Na'urar DTS da muka girka, wadda ke auna zafi a tsawon zaren duka, ba ta ba mu wahala ba. Tana harba ɗan guntun hasken lesa cikin zaren, sannan ta auna ɗan abin da ya warwatso ya dawo, wato warwatsuwar da masanin Indiya C. V. Raman ya gano a 1928, wadda wani ɓangarenta ke ƙaruwa idan gilashin ya ɗumama. Wurin kuwa da lokaci take gane shi: haske yana tafiyar kusan kilomita 200,000 a daƙiƙa cikin gilashi, don haka jinkirin nanodaƙiƙa 10 (nanodaƙiƙa ita ce kashi ɗaya cikin biliyan na daƙiƙa) tsakanin tafiya da dawowa daidai yake da mita ɗaya. Duk wannan ya yi aiki yadda ake faɗa, har nakan ga ɗumin kebul ɗin yana hawa da yamma sa'ad da amfani da wuta ya ƙaru, ya kuma sauka cikin dare.

Matsalar ta zo ne ranar da wani tsini mai nuna zafi ya bayyana a kan allo, ya ƙi sauka, yana ƙara tsayi mako bayan mako. Na'urar ta faɗi nisansa, muka ɗauki taswirar da ɗan kwangilar shimfiɗa ya miƙa, muka auna daga tashar da na'urar take, aka rage wutar layin, aka kawo motar haƙa da ma'aikata, aka tona a hankali har aka kai ga kebul. Na sa hannu na taɓa shi, ga shi lafiya lau cikin yashinsa mai danshi, babu alamar zafi, alhali a kan allo tsinin yana nan daram. Har yanzu idan na tuna kuɗin haƙar nan da wutar da aka rage a banza raina yakan ɓaci, domin na'urar ba ta yi ƙarya ba ko da mita ɗaya. Tsawon zare take ƙirgawa, mu kuwa tsawon ƙasa muka auna.

Da muka buɗe ramin dubawa na farko sai gaskiya ta fito. Masu shimfiɗa sun bar rarar zare a wurin haɗi, sun naɗe ta kamar gammo sun jingine a bango, wanda abu ne mai kyau saboda gyara nan gaba, amma babu wanda ya rubuta tsawonta. Haka muka tarar a rami na biyu da na uku, kowanne da tasa rarar, wata doguwa wata gajera, kuma duk suna taruwa ne a kan lissafi, ta yadda kuskuren ke ƙaruwa gwargwadon nisa daga tasha. Ban da haka, zaren da ke cikin bututunsa yakan ɗan fi kebul tsawo saboda a sake yake kwance, sannan adadin saurin haske da aka shigar wa na'ura, idan ya kauce da kashi ɗaya cikin dubu kawai, ya isa ya gusar da wuri da mita 10 a kan kilomita 10.

Maganin ba shi da wani kwarjini. Muka bi ramukan ɗaya bayan ɗaya da bokitin ruwan ƙanƙara, a tsoma naɗin zaren a ciki, wanda ke zaune gaban allo ya ga inda zanen zafin ya nutse ya rubuta lambar, mu kuma mu rubuta ainihin inda ramin yake a doron ƙasa. Da wannan jadawali muka koma, muka sami wurin zafin a inda kebul ɗin ya ratsa ta ƙarƙashin titi cikin bututu, kusa da wani kebul, ƙasar wurin ta bushe ƙamas, busasshiyar ƙasa kuwa ba ta kwashe zafi yadda mai danshi ke yi. Ko a nan ma sai da lambar ta ba ni mamaki, don zafin da muka auna da hannu ya fi na allo. Takardar na'urar ta ce tana fitar da lamba a kowane rubu'in mita, amma gajeren tsawon da take iya bambancewa ya kai mita guda, saboda haka duk zafin da bai cika wannan tsawon ba sai ta gauraya shi da sanyin maƙwabtansa ta rage masa kaifi. Kuma zafin fatar kebul ne zaren ke ji, na jan ƙarfen ciki sai an lissafa shi.

Abokan aikinmu da ke sauraren girgiza a kan bututun mai da na'urar DAS, wadda ita ma da zaren gilashi take aiki, sun ce su ma haka suke yi, sai dai su da guduma suke buga ƙasa a wuraren da aka sani, su ga inda ƙarar ta fito a kan allo. Ni dai yanzu ba na sa hannu a takardar karɓar aiki sai an yi gwajin ƙanƙarar nan a kowane rami tun kafin a rufe, an rubuta tsawon kowace rara a jikin taswira, kuma duk lokacin da aka yanke zaren aka sake haɗa shi, sai an sake jadawalin daga wurin haɗin har ƙarshen layi.