Banki ya daina kiranka, amma bashin yana nan

A nan Tahoua in mutun ya ci bashin banki ko na asusun ƙananan rance ya kasa biya, aka yi ta kiran waya har aka gaji aka yi shiru, sai ka ji ana cewa ai sun yahe mashi. Wallahi babu wanda ya yahe ma kowa komi, gyaran littahin lissahi ne kawai suka yi.

BCEAO, wato babban bankin ƙasashenmu masu amfani da kuɗɗin sefa, ita ce ta gindaya masu doka. Bashin da ya wuce kwana 90 ba a biya ba ya shiga layin waɗanda ake shakkar dawowarsu, dole banki ya ware kuɗɗi daga ribarshi ya aje saboda shi, in kuma ya yi shekara 5 a wannan layi ba a samu komi ba sai a hidda shi a rubuta shi cikin hasara. Su asusun ƙananan rance wata 24 ne nasu. To wannan tsakaninsu ne da masu sa masu ido, kai da ka sa hannu a kwantara har yanzu ana binka. Duk ranar da suka ji ka yi ƙarhi suna iya zuwa kotu su karɓo takardar umurnin biya ta dokar OHADA, wato dokar kasuwanci da ƙasashen Afirka da dama suka yi tarayya a kanta, wisiye mai zartar da hukuncin kotu ya ƙwanƙwasa maka ƙofa, a riƙe abinda ke cikin kwant ɗinka ko wani kashi na albashi, takardar hilin da ka bada jingina kuwa tana can cikin akwatinsu. Wanda ya tsaya maka ma bai tsira ba, kuma shi na hi jin tausai, bawan Allah ko dala bai ci ba.

Abinda mutane da yawa ba su sani ba shi ne maganar Creditinfo, kampanin da ke tara labarin masu cin bashi, wanda ya fara aiki a 2016, cibiyarshi na Abijan. Cikin tarin takardun nan da muke sa ma hannu ba mu karanta ba akwai wadda ka yarda a miƙa labarinka can, nawa ka ɗauka, yaushe ka makara, ya aka ƙare. Kuma ƙasashe 8 na UEMOA, wato ƙungiyar ƙasashen yammacin Afirka masu amfani da sefa, har da Nijar da Kodibuwar, duka rumbu guda ne. Mu da samarinmu ke tahiya cin rani Kodibuwar wannan ya shahe mu ƙwarai, mutun ya bar bashin jikka 300 a gida ya je Abijan Allah ya buɗa mashi, ya nemi rance don ƙara jari, ma'aikaci ya danna kwamfuta sai ga tsohon labari ya hito. Ko su hana, ko su ba shi kaɗan da jingina mai nauyi.

Ni shawarata, in kana da irin wanga bashi ka tai da ƙafarka ku zamna. Wanda ya riga ya rubuta hasara duk abinda ya samu riba ce gare shi, shi ya sa sau da yawa ana iya daidaitawa a rage tarar jinkiri ko a raba biyan wata wata. Amma komi a rubuce da hatimi, kar ka yarda da maganar baki. In ka gama ka karɓi takardar shaidar ka biya duka, sannan ka nemi rahotonka na Creditinfo, doka ta baka shi kyauta sau guda a shekara, ka duba ko sun gyara, in ba su gyara ba kana da haƙƙin kai ƙorahi da wannan takarda a hannunka.