Saurayin waya da ranar da aka ɗauke sabis a Gusau

Har yau in na ji budurwa na cewa ai nisa ba komai ba ne tunda akwai data, sai raina ya sosu. Duk mai faɗin haka ba ta zauna a Zamfara a watan Satumbar 2021 ba.

Ina Gusau, saurayina yana Dubai yana tsaron shagon wayoyi a Deira. Ɗan Kano ne, a wani biki muka haɗu kafin ya tafi. Kiran WhatsApp ba ya shiga a can sai dai ta manhajar kira ta Botim, kuma sun riga mu da awa uku, ina idar da isha'i shi ya fara hamma. Saƙon murya ne ya riƙe mu. Har labari muke haɗawa irin na marubutan intanet, in rubuta shafi in tsaya inda ya ɗau zafi, shi ya ɗora nasa da safe a hanyar shago. Ya taɓa aurar mini da jarumar ga wanda ba na so, muka wuni muna gaba.

Abu ɗaya na yi ta roƙonsa: ya ba ni lambar yayarsa, ko ya sa wani nasa ya leƙo gidanmu ko da gaisuwa ce. Amsar ba ta canzawa: "Ki bari in dawo, a yi komai a tsanake."

Sai aka rufe layukan waya a jihar baki ɗaya saboda yaƙi da 'yan bindiga. Ba kira, ba tes, ba intanet, masu POS ma suka naɗe tabarma. Mutane suka koma rubuta wasiƙa suna ba direbobi a tasha. Motar Kano kullum tana tashi. Amma wa zan rubuta wa? Ban san ko sunan layin gidansu ba. Mutumin da na san abin da ya ci jiya da dare, ba ni da lambar mutum ɗaya da ya haɗa jini da shi.

A kwanakin farko ana zuwa Funtuwa a yi waya a dawo. Baba ba zai bar ni in bi hanyar Tsafe a wannan yanayi ba, sai na jera saƙonnina, kowanne da ɗan agogon nan a gefensa, na danƙa wa ƙanena wayar da zai raka maƙwabcinmu. Da ya dawo yana ta murmushin da ban gane masa ba. Ashe saƙonni sun yi ta shigowa yana gani a fuskar waya. Na farkon: "Lafiya kuwa?" Na gaba: "In kin samu wani ne ki faɗa mini, ba sai kin toshe ni ba." Alama ɗaya yake gani a saƙonsa, ita ce kuma wadda ake gani in an toshe mutum. Sai can ƙasa ban-haƙuri ya biyo, bayan ya ji labarin a BBC Hausa. Ba a jima ba aka rufe Funtuwar ma.

Wannan zargin na yafe. Wanda ya tsaya mini a wuya shi ne na gida. A makonnin nan ɗan aminin Baba ya fara zuwa zance, da ƙafarsa, da kawunsa. Gwaggo ta zaunar da ni ta ce, "Ke 'yar nan, wanda ba a san ƙofar gidansu ba ai ba manemi ba ne. Ina naki yake? Nuna mana shi." Na dubi wayar da ta koma fitila kawai, ban da ta cewa. Da yayarsa ta taɓa taka gidanmu sau ɗaya da 'yar ledar goro, da wannan maganar ba ta taso ba.

Da sabis ya dawo cikin Gusau a watan Oktoba ban tsaya jin "na yi kewarki" ba. Na ce, "Malam, ko ka turo, ko ka bar ni." Ba a rufa mako biyu ba kawunnansa suka zo. Ashe ana iya yi ba sai ya dawo ba!

Shi ya sa duk wadda ta tambaye ni, ba na ba ta shawarar manhaja ko lokacin kira, wannan kowa ya iya. Ki karɓi lambar mace a danginsa, ki ji muryarta, ki san unguwa da layi, ki rubuta a takarda ba a waya ba. In ya ce ki bari ya dawo, ki tambaye shi me ya hana yayarsa shiga mota.

Wakilinsa ne ya karɓa masa auren. Ana shirin tafiyata aka daina ba 'yan Najeriya bizar Dubai a 2022, ba a buɗe ba sai 2024, don haka a gidan surukata a Kano na zauna, muka ci gaba da zaman Botim. In maganar Satumba ta taso sai ya ce ai dama ya yi niyyar turowa a watan. Hajiya da kanta ta ce mini ba ta taɓa jin sunana ba sai ranar da ya kira ta hankali a tashe.