Almakashi da gam: aikin Anne Coates a ɗakin tace fim

Talata da dare.

Yau tun bayan la'asar nake kan tarihin Anne V. Coates, 'yar Ingila haihuwar 1925, wadda ta tace fim ɗin Lawrence of Arabia na 1962 har ta ci kyautar Oscar. Inda ta faro ya fi tsaya mini a rai: wani ƙaramin kamfanin finafinan addini, tana gyaran zaren fim da ake kewayawa da shi coci-coci. Daga nan ta koma sutudiyon shirya finafinai na Pinewood tana taya editoci, sai a 1952 aka damƙa mata tace fim ɗin The Pickwick Papers.

Wanda ya tashi da kwamfuta sai ya yi lissafi zai gane nauyin aikin. A zare mai faɗin milimita 35, ƙafa ɗaya firam 16 ce (firam shi ne hoto guda a jikin zaren), ana haska 24 a daƙiƙa, wato ƙafa 90 a minti. Naɗi mai ƙafa 1,000 minti 11 ne da 'yan daƙiƙoƙi. Edita ba ya taɓa nagatif na asali, wato zaren da kyamara ta ɗauka. Kwafin aiki yake zurawa a injin Moviola na kallon zare, ya sa alama da fensirin maiƙo, ya yanke. Sai an gama komai wani ya bi lambobin gefen zaren ya yanka na asalin daidai wa daida.

Haɗa zaren da aka yanke shi ne wahalar. A kankare fatar hoton a bakin zare ɗaya, a shafa gam, a ɗora ɗayan, a danne. In kankarar ba ta fita tas ba gam ba ya kamawa, haɗin ya ɓalle ana tsakiyar haskawa. In gam ya yi yawa zaren ya lanƙwashe. Kowane haɗi kuma yana cin firam, shi ya sa in darakta ya sauya shawara sai an cike gurbin da baƙin zare, in ba haka ba baki ya riga murya.

Sai wurin nan na fim ɗin Lawrence of Arabia da Lawrence ya hure ashana, nan take rana ta ɓullo a hamada. Da an so hoton ya narke cikin na gaba, amma narkarwa aikin ɗakin wanke fim ne, a kwafin aiki layin fensir kawai ake ja. Ita da darakta David Lean suka kalla a haka, suka ga yankan kai tsaye ya fi ƙarfi, suka rage firam kaɗan suka bar shi. A ganina sun yi daidai, narkarwar da ta kashe wa wurin kaifi.

A shekarun 1990 ta koyi tacewa da kwamfuta, ta ci gaba da aiki har ta kusa shekara 90. Ta rasu a 2018.