Tarihin Rayuwata, Kashi na Tara: Rigimar Santimita 86

A makon jiya na tsaya ne a inda na buɗe asusu a Wikipedia ta Hausa, na fara gyara ƙananan kurakurai, nan waƙafi, can harafi mai ƙugiya. Yau kuma labarin rigimata ta farko zan ba ku, wadda saura ƙiris ta sa in ajiye aikin baki ɗaya.

Muƙala ce a kan Dutsen Everest. Ina cikin karatu sai na ga an rubuta tsayinsa mita 8,848.86. Ni kuwa tun ina sakandare 8,848 na haddace, ba ɗigo ba ƙari. Sai na ɗauka yatsan wani ne ya zame. Na goge wutsiyar, na rubuta "gyaran kuskure" a gurbin taƙaitaccen bayani, na wallafa, na je na kwanta.

Gari na wayewa na tarar da alamar sanarwa ta yi ja. An mayar da gyarana. Har yanzu ina ganin shafin tarihin muƙalar a idona: layina da -3 a jan rubutu, wato haruffa ukun da na cire, a samansa layin wani edita da +3 a kore, wato ya mayar da su, sai kalmomi biyu kacal, "babu majiya". Raina ya ɓaci ƙwarai, don ji na yi kamar an ƙaryata ni a gaban jama'a. Na sake gogewa, ya sake mayarwa, na kuma gogewa. Daga nan bai ƙara taɓa muƙalar ba. Saƙo ya ajiye mini a shafina: "Malam, barka da zuwa. Kada mu mai da muƙalar fagen ja-in-ja. Zo shafin tattaunawa ka nuna mini inda ka samo adadinka, ni ma in nuna maka nawa."

Shi ne ya fara sanar da ni dokar mayarwa uku. A sashen Turanci a rubuce take ƙarara: wanda ya mayar da aikin wasu fiye da sau uku a shafi ɗaya cikin awa 24, ana iya toshe shi, kuma cewa shi ke da gaskiya ba ya wanke shi. Ko bai kai ukun ba, in aka ga dambe yake yi da gyara, ana iya taka masa birki. Hanyar da aka fi so ita ce ka yi gyaranka gabagaɗi, in an mayar sai ka tsaya a yi magana.

Na je shafin tattaunawar da zafina, na rubuta cewa malaminmu ne ya koya mana, kuma a littafi na gani. Ya tambaye ni sunan littafin da shekararsa da lambar shafi. Ban iya kawo ko ɗaya ba. Ya ce ba shakkata yake yi ba, amma mai karatun da bai san ni ba, bai san malamina ba, ta ina zai bi ya tabbatar? Nauyin kawo hujja yana wuyan wanda ya saka magana ne. Sannan ya ajiye tasa: ranar 8 ga Disamba, 2020, Nepal da Sin, ƙasashen da dutsen ke kan iyakarsu, suka sanar da 8,848.86 tare, bayan kowacce ta tura masu awonta.

Kwana biyu na yi ina tono, kuma abin da na samu ya fi rigimar daɗi. Ashe adadina ba ƙarya ba ne, tsufa ya yi. Daga awon da Indiya ta yi a tsakiyar shekarun 1950 ya fito, kuma shi duniya ta riƙe shekara da shekaru. A 1999 wata tawagar Amurka ta auna da GPS ta samu 8,850. A 2005 Sin ta ba da 8,844.43, saboda ita dutsen zalla ta auna, ta cire ƙanƙarar da ke lulluɓe da ƙololuwarsa. Kowa da abin da ya auna, da lokacin da ya auna shi. Na dawo da waɗannan, kowanne da majiyarsa, muka yarda a bar sabon adadin a gabatarwa, a buɗe sakin layi na tarihin awon, a faɗi wanda ya auna da shekarar da ya yi. Ni na rubuta sakin layin, shi ya gyara mini manazartar.

A nan na gane wace ce majiyar da ake karɓa: littafin da maɗaba'a ta tace, mujallar masana, jaridar da ke da editoci masu amsa kuskurensu. Rubutun Facebook ba ya shiga. Ita kanta Wikipedia ba a kafa hujja da ita, ko da ta wani harshe ce, sai dai ka bi manazartarta ka karanta da idonka. Wadda ta fi yi mini nauyi ita ce hana binciken kai: abin da ka gani da idonka, ko ka ji daga bakin wanda ya sani, ba ya shiga sai an wallafa shi a wani wuri. Na yarda da dalilin, don in aka buɗe wannan ƙofa kowa zai ce ya gani. Amma har gobe ina jin ciwon ilimin da ke ƙirjin mutane wanda babu wanda ya rubuta.

Da mun kasa daidaitawa, akwai matakai a gaba. Ana neman ra'ayin mutum na uku, ko a kira sauran editoci su tofa albarkacin bakinsu, kuma ƙarfin hujja ake dubawa, ba yawan hannu ba. Mu ba mu kai can ba. Na rufe maganata da alamomin nan huɗu, ~~~~, sunana da lokaci suka fito, shi kuma ya danna mini godiya a kan gyaran.

Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, zan ba ku labarin muƙalar farko da na ƙirƙira da kaina, da yadda na wayi gari na tarar an liƙa mata alamar neman gogewa.