Ƙudan zuman Auta

Talata, dare

Tun la'asar aka ɗauke wuta, har yanzu shiru. Zafin Maris ɗin nan bai bar kowa a ɗaki ba, sai muka baje tabarmi a tsakar gida bayan sallar isha'i. Babu wata, ƙurar hunturu ta kwanta, taurari kamar an watsa gero a faifai.

Ranar dai ba wani abu. Makin jarrabawar 'yan aji biyu, rabi ya rage. Gas ya ƙare ina tsaka da miya, na koma gawayi. Gwiwar Inna da sauƙi, alhamdu lillahi.

Abin da ya hana ni barci daban ne.

Muna kwance Auta ta ɗaga yatsa sama ta ce, "Umma, ga su can."

Na ce, "Su wa?"

"Ƙudan zuman Kawu."

Ranar Asabar mun kwana ƙauye. A daren ne Kawu ya hau ɗorawar bayan gida don cire zuma daga amya, riƙe da damin kara mai hayaƙi, kamar yadda ya saba duk bazara. Mun hana yara matsawa, amma Auta ta laɓe a ƙofar zaure tana leƙe. Ni ma na gani: tartsatsi na tashi, ƙudan na kutsawa cikin hasken wutar, fukafukansu su yi jawur kamar garwashi, sannan duhu ya haɗiye su. Ashe kwana uku ke nan tana juya abin a ranta.

Ga yadda ta tsara shi. Da Kawu ya kore su daga gidansu, sai suka haɗiyi wutar, cikinsu ya kama haske. Suka duba ko'ina ba su sami bishiyar da mutum ba zai iya hawa ba, sai suka yi sama, uwarsu a gaba, suna tafe a dunƙule kamar yadda suke yi in za su sauya gida. Yanzu can suke zaune. In dare ya yi suna fita kiwo, su tsotsi taurari kamar furanni, shi ya sa taurari ke ƙyaftawa, cakulkuli ake musu. Zumar da suke haɗawa fara ce tas, a cikin wata suke tara ta. In ya cika sai mala'iku su ɗiba kaɗan-kaɗan har ya ƙare, su kuma su sake farawa. Ta ce wani dare za su sauko gaba ɗaya, sama ta cika da su, garin nan ya yi haske ba sai an kawo wuta ba, kuma ba za su harbi kowa ba sai mai ƙarya.

Tana cikin bayanin yadda ƙararsu za ta kasance na katse ta. Na ce, "Ke, ƙudan zuma ba ya haske. Maƙesu ne ke haske, shi ma sai da damina, kuma ba danginsu ba ne, dangin buzuzu ne. Kwanta ki yi barci, gobe akwai makaranta."

Ta ce, "To." Ta juya ta ba ni baya.

Gaskiya na faɗa. Haka nake koyarwa a aji: hasken maƙesu daga wani sinadari ne da ke cikinsa, in ya haɗu da iskar da muke shaƙa sai ya haska ba tare da zafi ba, zuma kuwa da rana take gane hanya. Amma yarinyar nan shekararta shida, kuma ba jarrabawa ta zo rubutawa ba. Gajiya ce da zafi da haushin gas, duk na sauke a kanta.

Abbansu bai ce komai ba. Can sai ya ɗauko waya, ya buɗe manhajar nan tasa ta taurari, ya saita inda ta nuna, kusan saman kanmu. Wani ɗan fari-fari ne dishi-dishi, kamar an shafa alli an goge. Ya miƙo mini ya ce, "Maman yara, karanta ki gani."

Sunan wurin a bakin Turawa Amya. Gungun taurari ne wajen 1,000, ido ba ya iya rarrabe su. Galileo, wani masanin taurari ɗan Italiya, shi ne ya fara hango su ɗaya-ɗaya da madubinsa na hangen nesa, a 1610 ya ba da labarin ya ga kusan 40. Hasken da ya sauko tsakar gidanmu yau ya yi shekara kusan 600 a hanya, wato ya taso tun kafin Muhammadu Rumfa ya hau gadon Kano a 1463. Mutanen da ba su taɓa ganin Kawu ba, ba su san ɗorawa ba, sun kalli wurin nan sun ga taron ƙudan zuma. Ita ma ta gani da idonta, ba wanda ya koya mata, ni kuma na ce ta yi shiru.

Sai Inna ta faɗo mini a rai. Ina kamar Auta na taɓa ce mata Kaza da 'Ya'yanta suna saukowa da asuba su ci tsaba a bayan rumbu. Ba ta ƙaryata ni ba. Cewa ta yi, "To ki bar musu kaɗan." Na daɗe ina zuba tsaba a wurin, har na girma na daina da kaina, ba wanda ya tsawata mini.

Na matsa kusa da Auta na dafa kafaɗarta. Idonta biyu. Na ce, "Autata, to da rana ina suke zuwa?"

Ta ce, "Ai kin ce babu su."

Na ce Abba ya duba, sunan wurin ma amya ne. Ta yi shiru, can ta ce barci take ji.

Yanzu sha biyu ta wuce, kowa ya yi barci, cajin wayata saura kaɗan. Kwalbar zumar da Kawu ya ba mu tana kan kanta, ko buɗe ta ba mu yi ba. Amyar ta karkata yamma. In na zuba mata ido sai ta ɓace, sai na ɗan kauda kai gefe take dawowa.