Matar da ke jijjiga gadon jariri

Laraba. An kawo wuta bayan la'asar, na yi guga, na ɗora wake, sannan na zauna na ƙarasa fim ɗin nan da nake ja tun Lahadi, Intolerance na darakta Griffith, na 1916, wanda ba a jin muryar kowa sai rubutu a kan allo.

Labari huɗu ne a sarƙe: faɗuwar Babila, zamanin Annabi Isa, kisan kiyashin Faris na 1572, da Amurka ta lokacin. Idan za a tsallaka daga wani zamani zuwa wani, sau da yawa sai a nuno wata mata zaune tana jijjiga gadon jariri, haske na sauko mata daga sama, tsofaffi uku a can baya cikin duhu. 'Yar wasa Lillian Gish ce. Ba a ba ta suna ba, ba ta da labarin kanta. Ita ce uwa, alamar haihuwar da ba ta yankewa. Da farko abin ya burge ni, har na kira Auta ta zo ta gani. Can sai na ji raina yana sosuwa. Ana cin birni da yaƙi, ana yanka mutane, ita tana nan inda aka ajiye ta, hannu ɗaya a kan gadon.

Sai wurin kotu a labarin Amurka, inda aka yanke wa mijin matar da 'yar wasa Mae Marsh ta fito a matsayinta hukuncin rataya, aka matso da kyamara kan hannayenta tana murza yatsu. Wallahi hannun Kaka na gani. Haka take yi a bakin murhu idan Baba ya yi dare, yatsun duk sun yi kanta saboda surfe.

Na kira Inna.

"Inna, wai mene ne sunan Kaka na yanka?"

Ta yi shiru, sannan ta ce, "Ke 'yar nan, ni ce zan kama sunan surukata? Tambayi Baffanki."

Matar nan ta goya mu ɗaya bayan ɗaya, na san ƙamshin majanyinta, na san waƙar da take mana, amma shekara goma sha ɗaya da rasuwarta ban san sunan da aka raɗa mata ba. Na yi ta lalube a raina, Kaka kawai nake samu.

Waken ya kama. Wayar Baffa a kashe, sau uku. Gobe bayan sallar asuba zan sake gwadawa.