Takardar koken da na kai ofis a watan Yuli

Jiya bayan la'asar ɗan ƙanena ya miƙo mini wayarsa. "Baba, duba abin da zan saka a Facebook." Rubutu ne kan kwatar unguwarmu da ke shiga gidaje duk damina, rabinsa zagin mai unguwa. Gabana ya faɗi, don na taɓa rubuta irinsa da biro.

Lokacin fitowata ke nan daga Kongo, reshen Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya, da difloma a harkar mulki, kaina na hayaƙi. An koya mana cewa gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya kawo ƙarshen En'e, wato hukumar gargajiya ta sarakuna, sai na ɗauka dagaci da mai unguwa sun zama ado. Na tara samari, na rubuta koke, na wuce ofishin ƙaramar hukuma ban ko yi sallama a zauren mai unguwa ba. Ma'aikacin da ya karɓa abu biyu ya tambaya: wa ya sa hannu a madadin unguwa, kuma aikin yana cikin kasafin bana? Ashe tun ƙarshen bara aka tsara kasafin. Har yau ina cewa ba ƙarya na rubuta ba, dattawan nan sun yi shekaru suna kallon ruwa yana cin katangu. Amma wanda ya san tsohuwar hanyar kwatar, kafin a yi gini a kanta, wani tsohon magini ne da ban taɓa tambaya ba. Littafin ƙungiya da kuɗin karo-karo kuma duk a hannuna suke. Da aka canja mini wurin aiki, ƙungiyar ba ta sake zama ba.

Na ce wa ɗan ƙanen nawa, shawarwari da yawa na shirya muku ku samari, biyu suka rage. Ku san watan da ake tsara kasafi da wanda ke sa hannu, ku koya wa wasunku kada abin ya tsaya a kan mutum ɗaya. Sannan ku fara da zaure, ku tafi da liman da masu shagunan da ruwan ke ɓata wa kaya. Amma kada ku zauna jiran manya, ni bayan na koyi ladabi jira kawai na iya, kwatar tana nan. Haba, ku yaran yanzu ko sunan kansilanku ba ku sani ba, sai latsa waya!

Bai goge rubutun ba. Ya dai yarda gobe bayan magariba in raka shi zauren.